Takardar Kabon

Shekara goma sha tara ina buga masa rubutu
a ɗakin baya na gidan talbijin, nan Kaduna,
inda fanka ke juyi kamar mai ciwon wuya.
Tafiretar ba ta san ƙ ba, ba ta san ɗ ba,
sai na gama in bi su da biro ɗaya bayan ɗaya,
ina ɗora wa kowanne lanƙwasarsa.

Jatau Maiwada. Ba ku san fuskarsa ba.
Sunansa na hawowa ne a ƙarshen wasa,
lokacin da kowa ya miƙe neman tuwo,
in ma ba a riga an ɗauke wuta ba.

Ɗan ma'aikacin reluwe ne. Yana saurayi
aka tura shi Prag da kwat ɗin aro.
Ya dawo da tari, da hula mai gashi
wadda kaza ta ƙarasa yin ƙwai a cikinta,
da sunan wani tsoho a bakinsa:
Lubomir ya ce, Lubomir ya ce,
har 'yan wasa suka sa masa Lubo-ya-ce.

Shi tsohon, in ji shi, fim yake rubutawa
har ranar da aka goge sunansa daga allo.
Daga nan sai tatsuniyar yara kafin barci,
da sunan surukinsa, kuɗin ma ta can ke biyowa.
Abu ɗaya ya ba Jatau guzuri:
mai jan biro magana yake karantawa,
bai iya karanta shiru ba.

Da soja suka zo, aka ajiye mana mai jan biro,
Jatau ya rubuta wasan wani tela a Kasuwar Barci.
Duk mako babban mutum ya zo awon kaki,
tela ya zagaya masa tef a ciki,
ya faɗi lamba: arba'in da biyu.
Mako na gaba, arba'in da huɗu.
A ƙasa Jatau ya sa: shiru, daƙiƙa biyar.
Mai jan biro ya duba sama ya duba ƙasa, ya sa hannu.
Ranar da aka kai hamsin da shida
'yan masaƙar Kakuri sun yi dariya har da hawaye,
ana tambayar juna a bas, yau nawa aka auna?

Kaset ya yi tsada, aka ce a yi tattali.
A kan telan nan aka ɗauki bikin buɗe famfo,
a kan sauran, jawabin kasafin kuɗi.
Bai ce komai ba. Ya nemi in ba shi ruwa.

Daga baya samari suka zo da kyamara a jaka,
suna son labari mai rawa biyar.
Ya gwada, wallahi ya gwada.
Rubutun ya fito kamar rigar da aka ɗinka wa wani.

Wasiƙa ta zo daga Prag, bakinta da baƙin zane.
Ya riƙe ta yini guda a gaɓar kogi, ta Kabala,
yana kallon masu wankin mota.
Damina biyu bayan nan shi ma ya bi.

Yanzu abin da ya rage yana cikin akwatina:
kofen kabon, shuɗi, yana dusashewa.
Ɓera ya cinye kashi na sha ɗaya.
Jiya jikata Kande ta zaro shafi tana karantawa,
ta iso wurin ta tsaya.
Kaka, nan kuma me za a ce?

Na ce ba komai, ƙirga kawai.
Muka zauna, ni da ita,
har biyar.